Zuwa ga Matashin da ke Son Riƙe Jitar Bas

Assalamu alaikum, ƙanena.

A shirin rediyon da aka gayyace ni, ka bugo waya ka ce kana son zama makaɗin bas, wato jitar nan mai kaurin sauti, a ƙungiyoyin kiɗan rok da metal na gari, ka tambaya ta ina za ka fara, kuma ko abin zai ciyar da kai. Lokaci ya ƙure kafin in amsa, shi ya sa na rubuta.

Fara da kunnenka a kan gangar ƙafa. Aikin mai bas shi ne duk sanda ƙafar mai ganga ta sauka, yatsarka ta sauka tare da ita, ba kafin ba, ba bayan ba. Sa na'urar ƙidayar bugu a wayarka a kan 60 a minti, ka kaɗa sauti ɗaya da yatsu biyu, manuniya da ta tsakiya, suna karɓa-karɓa, minti 20 kullum. Sai ya fita tsaf sannan ka ƙara bugu 5. Kiɗan nan mai kama da sukuwar doki da aka san Steve Harris, mai bas na ƙungiyar Iron Maiden, da shi, yatsu biyu ne kawai. Mai gaggawar gudu yakan ƙare da hannun dama yana gaba, na hagu yana baya, kiɗan ya zama kunu.

Jita mai tsirkiya huɗu ta ishe ka: sunayensu E, A, D, G, lambar kaurinsu daga 105 (E) zuwa 45 (G). Ƙungiyoyin metal suna sassauta tsirkiya don sautin ya yi nauyi, kamar yadda ƙungiyar Black Sabbath suka sauko daga sautin E zuwa C# a 1971. In taku ta sauko haka, sayi masu kauri, 110 ko sama, in ba haka ba za su riƙa lilo suna dukan ƙarafunan da ke jere a wuyan jitar.

Wuyan nan katako ne, yana jin hunturu, yana jin damina. Danne tsirkiyar E a ƙarfe na farko da na ƙarshe, ka duba ƙarfe na 8. Ratar da ta dace tsakanin tsirkiya da ƙarfen kamar kaurin katin gayyata ce. In ta fi haka, ɗaure sandar ƙarfen da ke cikin wuyan, rubu'in juyi kawai, ka bar ta ta kwana. Masu murɗawa da ƙarfin tsiya su ne ke karya sandar, gyaranta kuwa wani lokaci ya fi kuɗin jitar.

Amfilifaya, na'urar ƙara ƙarfin sauti, ita ce inda ake yawan asara. Sautin E na ƙasa girgiza 41 ne a daƙiƙa, tura shi yana cin wuta, don haka kusa da mai jita mai amfilifayar wat 100, kai kana bukatar 300 zuwa 500. Kada ka jona bas a lasifikar jita, takardarta tana iya yagewa. Karanta bayan akwatin kuma: lasifika biyu masu om 8 (ma'aunin tirjiyar lasifika ga wuta) in an jona wayoyinsu gefe da gefe sun zama om 4. Ka ƙara ta uku, ka sauka ƙasa da abin da yawancin amfilifaya ke ɗauka, sai zafi da ƙauri. Inda wutar janareta ce, sitabilaiza dole. In jitarka mai batir ce, zare wayar da ke jone da ita bayan wasa, domin muddin tana ciki batirin 9V yana ci. Toshe kunne kuma da abin toshewa, don Allah. Ɗakin atisaye yakan haura desibel 100 a ma'aunin ƙara, kuma jin da ya tafi ba ya dawowa.

Batun abinci, gaskiya ɗaya ce: kuɗin ƙofa na ƙaramin wasa, bayan hayar kaya da mota, abin da za a raba wa mutum huɗu ko biyar kaɗan ne. Riƙe sana'ar da kake ci da ita. Amma masu jita sun yi yawa, masu bas sun yi ƙaranci, saboda haka wanda ya zo kan lokaci, ya haddace waƙoƙin, da tsirkiya da wayar jita na ko-ta-kwana a jakarsa, ƙungiya biyu ko uku za su riƙa nemansa, har da masu kiɗan biki da situdiyo. Kafin ku naɗi waƙar farko, ku zauna ku rubuta wa ya tsara me, da kason kowa, kowa ya sa hannu.

Ka gaida mai gangarku, ka nemi ku riƙa atisaye ku biyu kawai sau ɗaya a mako.

Naka,
Yayanka a sana'a