Biyar ce ke zama a tsakiya: a gyara mana labarin ƙasar aljanu

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Ina gaishe ka da aiki, kai da ma'aikatanka. Ni tsohon malamin lissafi ne a nan Argungu, na ajiye alli amma ban ajiye rediyo ba. Tun da kuka fara kawo labarin nan na daren Asabar, na ɗan masuncin da ya nutse a gulbi ya ɓulla ƙasar aljanu, ban taɓa bari ya wuce ni ba. Ni da jikokina muke shimfiɗa tabarma mu kasa kunne.

Dabarar da wata tsohuwa ta koya wa yaron ce ta kama ni. Ƙasar dai ba ta zama wuri ɗaya. Hanyar da ka bi da safe, kafin la'asar ta zama tafki, gabas ta kwana ta tashi arewa. Sai tsohuwa ta ba shi turaku tara, kowanne da igiya mai ƙulli, daga ƙulli 1 har 9. Ta ce ya kafa su sahu uku-uku, in ƙullin kowane sahu, a tsaye da a kwance da kusurwa zuwa kusurwa, ya tashi 15, filin da ke tsakanin turakun zai natsu, sannan ya iya zana shi a fatar akuya ya matsa gaba. Duk wanda ya taɓa noman shinkafa a fadamarmu ya san wannan wahalar. Ruwa ya janye, iyaka ta ɓace, maƙwabta su tsaya suna kallon juna, har sai an lalubo wata giginya ko kututture da bai gusa ba, daga nan a soma awo. Shi ya sa na ce marubucin nan ya sha ruwan gulbi.

To amma makon jiya ya ba ni kunya. Wani kada ya haɗiye turke mai ƙulli 5, yaro ya ɗauko mai 7 ya kafa a tsakiya, ya ɗan jujjuya sauran, wai ƙasa ta tsaya cak. Malam, wannan ba ta yiwuwa, ko a duniyarmu ko a tasu. Daga 1 zuwa 9 in ka tara, 45 ne. Sahu huɗu ne ke ratsa gidan tsakiya, kowanne 15, ka ga 60 ke nan. Sahun nan huɗu sun taɓa kowane gida sau ɗaya, sai na tsakiya da suka taɓa sau huɗu. Cire 45 daga 60, saura 15, kuma wannan ragowar ita ce gidan tsakiya sau uku. Ashe dole 5 ce. Haka kuma kusurwoyi huɗu ba mai zama cikinsu sai 2 da 4 da 6 da 8, abin da masu hatimi ke kira buduhu, don da haruffan abajada ba da dal da wau da ha lissafinsu ke nan. Jikana ɗan aji shida ya kwana biyu yana gwadawa a ƙasa da tsinke, ya dawo ya ce, “Kaka, ƙarya suka yi mana.” Ban sami abin ce masa ba.

Na san za a ce labari ne, ƙanzon kurege. Na yarda. Marubuci na da ikon sa kadan gulbi ya yi magana, ya sa dutse ya yi tafiya, ba wanda zai tuhume shi. Amma ƙa'idar 15 shi ya kafa ta da bakinsa, wata uku muna tsoron kada yaron ya yi kuskuren ƙulli ɗaya ƙasa ta haɗiye shi. Ko Gizo, ranar da ya daina tsamin baki yara za su ce ba shi ba ne.

Kuma wannan lissafi ba baƙo ba ne a ƙasar Hausa. Muhammad ibn Muhammad al-Fulani al-Kishnawi, malamin Katsina, ya rubuta da Larabci a 1732 yadda ake cika irin waɗannan gidaje idan yawan sahun mara ne, wato uku ko biyar ko bakwai. A Alƙahira ya rasu a 1741, kuma har yau masu tarihin lissafi na ambatonsa. Na ji wasu a majalisarmu na cewa a tsayar da shirin don sihiri yake koyarwa. Abin da masu laya da ’yan bori suka yi da hatimi maganarsu ce da malamai, kuma malamai sun faɗi nasu. Ni dai abin da na gani a gidana yaro ne da ke gudun jimla, yanzu sai an ƙwace masa tsinke kafin ya ci tuwo.

Gyaran ba wuya. A bar ƙasar ta tsage da yaron a mako mai zuwa, a gane tsayuwar da ta yi yaudarar aljanu ce, ya koma ya nemo turkensa a cikin kada. In kuma marubucin na son faɗaɗa taswirar ta kai birnin sarkinsu, sai ya nemi turaku 25, sahu biyar-biyar. Kowane sahu zai tashi 65, kuma in ya bi hanyar da aka fi sani, 13 ce za ta zauna a tsakiya.

Don Allah a miƙa masa wannan takarda kafin Asabar. Jikana ya riga ya share wuri a tsakar gida, ya zana gidaje 25, ya hana awaki bi ta wajen.

Naku,
Tsohon malamin lissafi,
Argungu, jihar Kebbi.