Mai Tallata Mawaƙi Ba Ɗan Riƙe Waya Ba Ne

Malam Edita, assalamu alaikum.

Muna roƙon fili a jaridarka mai farin jini don mu yi magana kan wata sana'a da ake rainawa a nan Maraɗi: aikin mai tallata mawaƙi ko ɗan wasa. Da yawa suna haɗa shi da manaja. Manaja ciniki da kuɗi ne nasa. Mai tallatawa kuwa sunan mawaƙi yake tsaro, kusan yadda sanƙira ke isar da muryar makaɗi ga jama'a, sai dai shi da takarda da rediyo yake aiki.

A ce za a yi wasa a gidan matasa na Bawa Ɗan Wardanga. Aiki yana somawa mako uku kafin ranar, kuma ba a buga hoton talla ko ɗaya sai izinin hukuma ya zo hannu. Daga nan sai sanarwa ta shafi guda, Hausa da Faransanci: wa zai yi wasa, ina, ƙarfe nawa, tikiti nawa, wa za a kira. A haɗa da hotuna biyu masu kyau da murya ta daƙiƙa 30, a kai gidajen rediyo irin su Anfani da Garkuwa da ƙafa, a ga ɗan jarida ido da ido. Saƙon WhatsApp kaɗai nutsewa yake yi. Sabuwar waƙa kuma a yi mata rajista a BNDA, hukumar kare haƙƙin mawaƙa da marubuta ta Nijar, tun kafin ta shiga wayoyi.

Inda aka fi yin ɓarna shi ne baƙo daga Kano. Sai a manna hotonsa gari duka alhali ba a ba shi kafin alƙalami ba, ko a yi ciniki da naira a zo biya da sefa ba a tsayar da canji a rubuce ba. Ranar wasa ga kujeru cike, ga fitila a kunne, baƙo ko Jibiya bai iso ba. Wanda ya sayi tikitin jaka biyu ba zai zagi manaja ba, mawaƙin gida zai riƙe a zuciya. Haka ma zaɓen rana: wanda ya sa wasansa lokacin kokowar Takobi, wato gasar kokowa ta ƙasa, ko a fili cikin Agusta, shi ya jawo wa kansa.

Sannan Maraɗi gari ne na malamai. Manya ba su manta tarzomar 2000 kan bikin nunin tufafi na FIMA ba, don haka tufafin da ke jikin hoto da kalmomin sanarwa sai an duba su sau biyu. In jita-jita ta tashi, a amsa a ranar, da baki ɗaya, a karɓe wayar daga hannun mawaƙi har ya huce.

Muna kira ga mawaƙanmu su daina ɗora wannan nauyi kan ƙane ko aboki kyauta. A rubuta yarjejeniya, a faɗi lada, ko na wata ko na kowane wasa, a ware kuɗin rediyo da na bugun takarda daban.

Naka,
Wasu masu shirya wasanni, Maraɗi