Har yaushe 'yan kashuwal za su jira ofa?

Assalamu alaikum Edita, don Allah a ba ni fili in yi magana kan bayin Allahn nan da ake kira 'yan kashuwal a ma'aikatu da asibitocin gwamnati, masu shara da masu gadi da masinjoji da direbobi, wani ya haura shekara goma kullum yana bakin aiki tun sassafe amma har yau ba shi da ofa, sai dai ƙarshen wata a ƙirga kwanakin da ya zo a miƙa masa ɗan abin da ya samu, ranar da zazzaɓi ya kwantar da shi kuɗin ranar sun tafi, ba hutu ba fansho ba giratuti, in aka canja oga kuma sai ka ji an ce kowa ya koma gida.

Abin da ke ci min rai wallahi, yawancinsu ba su ma san doka ta san da zamansu ba. Sashe na 7 na dokar ƙwadago cewa ya yi duk wanda ya ɗauke ka aiki to kada ya wuce wata uku bai ba ka takarda a rubuce ba, mai ɗauke da irin aikinka da kuɗinka da notis ɗin da za a ba ka kafin sallama. Dokar diyyar ma'aikata ta 2010 wadda hukumar NSITF ke kula da ita ma ta haɗa har da kashuwal, in allura ta soki mai shara a asibiti ko direba ya yi haɗari a bakin aiki yana da haƙƙin diyya. To gwamnatin da ta kafa dokokin nan ita ce kuma ke taka su a ofisoshinta, an sa mafi ƙarancin albashi naira 70,000 a 2024 amma je ka tambayi mai sharar sakatariya nawa ke shiga hannunta.

Sai dai kar wani ya yaudare ku 'yan uwa, dokar ba ta ce wata uku na cika ka zama famanan ba, ofa a hannun hukumar ɗaukar ma'aikata take, kuma nan ne ake cutar da ku, gurbi na buɗewa sai a raba wa 'yan siyasa ko a sayar, kowa ya ji abin kunyar da ya fito a 2023 lokacin da kwamitin majalisar wakilai ya binciki sayar da guraben aiki. Wanda ya sha wahalar wajen yana ji yana gani a kawo ɗan wani.

Shawarata ku adana duk wata shaida, katin aiki, hoton rajistar da kuke sa hannu, alat na banki, ku haɗa kai ku rubuta ƙorafi tare kar mutum ɗaya ya je a kore shi. Hukumar karɓar ƙorafe-ƙorafen jama'a kyauta take sauraro, kotun ma'aikata kuma tana da reshe a Kano da Kaduna.

Gwamnoni da 'yan majalisun jiha ku ji tsoron Allah ku yi doka, duk lokacin da za a ɗauki ƙananan ma'aikata a fara tantance waɗanda ke kan aikin tukuna, a kuma lissafa musu shekarun baya cikin fansho. Ƙungiyar ƙwadago ta NLC ku ma ku shiga sakatariyoyi ku ɗauki sunayensu, tunda ba sa cikin masu biyan kuɗin ƙungiya ba mai tunawa da su ranar zama da gwamnati.

Naku, mai karatu daga Zariya