Zuwa ga Habu a Jidda, game da tsibirin Samar

Tudun Wada, Zariya

Assalamu alaikum Habu,

Bayan gaisuwa mai yawa da fatan kana lafiya, kai da Maman Walida da yara. Ya zafin Jidda? Mu nan hunturu ya shigo da ƙarfinsa, ƙura ta rufe gari, leɓe duk ya tsage. Saƙonka ya iso, turaren ma ya iso. Uwargida ta karɓe shi tun kafin in shinshina, ta ce a yi maka godiya.

Ka ce abokin aikinka ɗan Filifin ya gaya maka garinsu yana tsibirin Samar, ka kuma ƙara da tsokanar da ka saba, wai tunda ni malamin tarihi ne da bai taɓa ganin ruwan da ya fi kogin Galma ba, in faɗa maka ko sunan ya taɓa shiga kunnena. To Bakano, gyara zama. Ya shiga, har ya taɓa hana ni barci.

Ka tuna gardamarmu ta ɗakin kwana lokacin muna makaranta, kana cewa a Yaƙin Duniya na Biyu Amurka ba da jarunta ta ci Japan ba, da ƙarfe da kuɗi ta ci ta? Yanzu da furfura ta fito na yarda da kaso mafi yawa na maganarka. Ƙasar da za ta ƙera ƙananan jiragen ruwa masu dakon jiragen sama har guda 50, samfuri ɗaya, cikin abin da bai kai shekara biyu ba, ai ba a ja da ita. Sai dai akwai safiya guda da lissafinka bai ci ba, kuma a gabashin garin su abokin naka abin ya faru, ranar 25 ga Oktoba 1944.

Kwana biyar kafin nan Janar MacArthur ya sauke sojoji a tsibirin Leyte, maƙwabcin Samar. Japanawa sun san in Filifin ta suɓuce, hanyar man fetur daga kudu ta yanke, jiragensu sun zama kwanon ajiya. Sai suka yi shahada da duk abin da ya rage musu. Suka aiko wani kwamandansu, Ozawa, daga arewa da jiragen dako waɗanda kusan babu jiragen sama a kansu, aikinsa kawai a gan shi a bi shi. Ainihin dukan yana hannun Takeo Kurita, wanda zai ratso ta mashigin San Bernardino ya faɗa wa jiragen da ke sauke sojoji da kaya.

Ɓangaren Amurka kuwa sarki biyu ne a gari ɗaya. Kwamandojin ruwa biyu ne, Kinkaid yana ƙarƙashin MacArthur, Halsey yana ƙarƙashin Nimitz, babban kwamandan rundunar ruwan Amurka a tekun Pasifik, babu wanda ke ba wani umarni. Halsey ne ke riƙe da manyan jirage, mutum mai zafin nama da son a ce shi ne. Yana jin an hango jiragen Ozawa sai ya kwashe komai da komai ya nufi arewa, bai bar ko kwalekwale a bakin mashigin ba. Kinkaid yana zaton an bar masu gadi, shi kuma ya tura tsofaffin manyan jiragensa kudu, inda suka ragargaza wata rundunar Japan a mashigin Surigao cikin dare. Ana zaton wuta a maƙera, Kurita ya sulale ta ƙofar da aka bari a buɗe.

Gari na wayewa, wata 'yar rundunar Amurka da ake kira Taffy 3 ta ga hasumiyoyin jirage sun ɓullo daga arewa. Bari in gaya maka abin da kowa ke riƙe da shi, don a nan daɗin labarin yake. Kurita yana da manyan jiragen yaƙi 4, matsakaita 8, ƙanana 11. Cikin manyan akwai Yamato, wanda shi da ɗan'uwansa Musashi ba a taɓa ƙera irinsu ba. Nauyinsa ya haura tan 70,000, faɗin bakin igwarsa santimita 46, harsashi guda ya kusa tan ɗaya da rabi. Ka ƙaddara ana jifanka da ƙaramar mota. Shi kaɗai nauyinsa ya yi kusan na duk jiragen Taffy 3 in an haɗa su. Shi kuwa Clifton Sprague, kwamandan Taffy 3, yana da irin ƙananan jiragen dakon nan 6, marasa sulke, marasa gudu, da jiragen rakiya 7 waɗanda sojojin ruwan da kansu ke kira gwangwani saboda rashin kaurin jikinsu. Ba a aiko su yaƙi da jirage ba. Aikinsu taimakon sojan ƙasa da farautar jiragen ƙarƙashin ruwa.

Sprague ya yi abin da mai hankali zai yi. Ya juya da gudu, ya sa a tayar da hayaƙi, ya sa duk jirgin saman da zai iya tashi ya tashi da duk abin da ke jikinsa, ya ruga cikin wani hadari da Allah ya kawo ya ɓuya na 'yan mintoci. Japanawa suna zuba rini a harsashinsu don kowane jirgi ya gane inda nasa ya faɗa, saboda haka ruwan da ke tashi kewaye da Amurkawa kala-kala ne, ja da rawaya da kore. Na daɗe ina tunanin wannan, mutuwa ta zo maka da ado kamar hawan sallah.

Wanda ya hana ni barcin shi ne Ernest Evans, kwamandan jirgin Johnston. Mutumin Oklahoma ne, jinin Cherokee da Creek, wato asalin 'yan ƙasar da Turawa suka tarar. Ranar da aka damƙa masa jirgin a 1943 ya gaya wa mutanensa cewa jirgin faɗa ne, inda haɗari yake can zai kai shi, wanda ba ya so ya sauka tun yanzu. Irin maganar da kowane shugaba kan yi a taro ce, mu ma mun sha jin irinta. Bambancin, shi da ranar ta zo bai jira umarni ba. Ya juya jirgin da bai kai tan 3,000 ba ya nufi rundunar Kurita shi kaɗai, yana kauce-kauce, har ya matso inda tofidonsa, wato bom mai gudu a ƙarƙashin ruwa, zai kai. Ya saki guda goma, ɗaya ya fille wa jirgin Kumano hanci. A hanyar dawowa manyan harsasai suka same shi, injinsa ɗaya ya mutu, shi Evans yatsu biyu suka tafi, rigarsa ta yage daga jikinsa. Ya ɗaure hannun da hankici. Da ya ga sauran gwangwanayen sun nufi abokan gaba bisa umarnin Sprague, sai ya sake juyawa ya bi su, ba tofido ko ɗaya, wai zai kare su da igwa.

Cikin waɗanda suka shiga akwai Samuel B. Roberts, wanda ya ma fi Johnston ƙanƙanta. Kwamandansa Robert Copeland ya faɗa wa mutanensa ta lasifika cewa za su shiga faɗan da ba a sa ran fita da rai, amma za su yi ɓarnar da za su iya. Suka manne wa wani matsakaicin jirgin Japan har igwoginsa suka kasa sunkuyowa su same su. Wani mai harba igwa, Paul Carr, an tarar da shi cikinsa a farke, yana riƙe da harsashin ƙarshe yana roƙon a taimake shi ya ɗura. Ta sama kuma matuƙan da harsashi ya ƙare musu suka ci gaba da kawo farmakin ƙarya, su sauko kamar za su saki bom, jirgin Japan ya karkace ya ɓata lokaci, su tashi su sake dawowa. Yamato kansa sai da ya juya wa fagen baya na kimanin minti goma yana gudun tofido, kuma Kurita yana cikinsa, ya daina ganin abin da ke gudana.

Wani abin dariya cikin abin kuka: rashin sulken nan ya ceci wasu. Harsashin Japanawa an yi shi ne don fasa ƙarfe mai kauri, sai ya riƙa shiga ta wannan gefe ya fita ta wancan bai fashe ba, kamar ka soki buhun gero da mashi.

Duk wannan lokaci Kinkaid yana ta aika wa Halsey kiran agaji. Har Nimitz daga Hawai ya aiko tambayar ina manyan jiragen suke. Masu aika saƙon sirri kan liƙa kalmomin banza gaba da baya don rikita abokan gaba, sai aka manta ba a cire na ƙarshen ba, saƙon ya isa hannun Halsey da wutsiyar cewa duniya tana mamaki. Ya ɗauka gatse ne, ya yi jifa da hularsa, ya yi ta huci, sai da aka ɗauki lokaci kafin ya juyo da manyan jiragen. Ko da suka iso an gama.

Wajen ƙarfe tara da 'yan mintoci, Kurita yana dab da cinye su, sai ya ba da umarnin a ja da baya a sake haɗuwa, daga nan kuma ya kama hanyar da ya fito. Sprague ya ba da labarin wani yaronsa mai ba da sigina da ya yi ihu wai ga su can za su tsere mana. Yaro man kaza!

Marubuta da yawa sun zagi Kurita da tsoro. Ni ban iya ba, Habu. Kwana biyu kafin nan jirgin ƙarƙashin ruwa ya nutsar da Atago, jirgin da yake ciki, sai da aka tsamo shi daga teku, mutum mai shekara 55. Washegari yana ji yana gani jiragen sama suka nutsar da Musashi. Kwana uku rabonsa da barcin kirki. Ba shi da jirgin sama da zai dubo masa, bai samu labarin cewa tarkon Ozawa ya kama ba. Irin zafin da gwangwanayen nan suka nuna ya sa ya gaskata cewa da manyan jiragen Halsey yake faɗa, don a hankalce ƙaramin jirgi ba ya yin haka sai yana da uba a bayansa. Matsakaitan jiragensa uku, Chokai da Chikuma da Suzuya, sun tafi a ranar. In ni ne a wurinsa ban san abin da zan yi ba, kai ma haka, duk da cika bakin Kanawa.

Halsey ne na kasa yafe wa. Ba don ya bi Ozawa ba, wannan ana iya kare shi, don jiragen dako su ne abin tsoro a yaƙin. Amma yana da jiragen da sun isa ya raba biyu, kuma bai ɗaga waya ya faɗa wa Kinkaid a fili cewa ƙofa a buɗe take ba. Johnston yana da mutum 327, 141 suka rayu. Hoel, wani daga cikin gwangwanayen, ya nutse da mutum 253. Roberts ya tafi, jirgin dako Gambier Bay ya tafi, kafin azahar kuma wani matuƙin Japan ya yi ƙunar baƙin wake a kan wani jirgin dakon, St. Lo, wanda shi ne babban jirgi na farko da 'yan kamikaze suka nutsar. Amurkawa fiye da dubu suka mutu. Evans, ganin ƙarshe da aka yi masa yana tsaye a bayan jirgin yana yi wa masu juya sitiyari da hannu ihu ta wata ƙofa, ba a sake ganinsa ba. An ba shi lambar yabo mafi girma ta ƙasar bayan ransa. Halsey kuwa a Disambar 1945 aka ƙara masa tauraro na biyar. Kura da shan bugu, gardi da karɓar kuɗi.

Abin da ya fi ci min rai ma bayan faɗan ne. An ba masu ceto wurin da ba daidai ba, waɗanda suka tsira suka kwana biyu a ruwa, ga rauni, ga ƙishirwa, ga kifin shak yana ɗauke su ɗaya bayan ɗaya. Wasunsu sun ce lokacin da Johnston ke nutsewa wani jirgin Japan ya gifta kusa da su, suna jiran a buɗe musu wuta, sai suka ga hafsan da ke sama ya sara wa jirgin.

Ka tuna Baba Soja na bakin kasuwa, mai ba mu labarin yaƙin Bama muna dariya muna cewa ƙari yake yi? A ƙarshen 1944 ɗin nan su suna kwarin Kaladan suna fama da Japanawa a daji, wasu 'yan Najeriya kuma sun riga sun yi aiki da rundunar Ingila ta Chindit, wadda barikinmu na nan Zariya ya ci sunanta. Yakan ce Japanawan da suka tarar daga baya duk ƙashi da fata ne. A lokacin ban haɗa zancen ba. Sai da na karanta yadda aka yi ta nutsar da jiragen dakon kayan Japan, da yadda bayan Leyte rundunar ruwanta ba ta sake fitowa da ƙarfi ba, na gane cewa wani ɓangare na yunwar da ya gani a teku aka dafa ta. Allah ya jiƙansa, da na san haka da na fi kasa kunne.

An gano Johnston a 2021, a zurfin kusan mita 6,500, lambarsa 557 tana nan raɗau a jikinsa, igwoginsa suna kallon inda suka bar abokan gaba. Shekara ɗaya bayan nan aka gano Roberts a kusan mita 6,900. Ka auna, kusan kilomita bakwai ƙasa. Ni da Galma ke ba tsoro da damina, ba na ma son tunaninsa.

Don Allah ka tambayar min abokin naka, shin kakanninsa sun taɓa ba shi labarin ƙarar igwa da suka ji daga teku a wata safiya, ko mutanen da ruwa ya kawo gaɓa? Duk abin da na karanta bakin Amurkawa ne da ɗan na Japanawa, ban ji na masu tsibirin ba. In ya faɗa maka ka rubuto min yadda ya faɗa, kada ka sa gishirin Kano.

Hajiya tana samun sauƙi, ƙafar ce dai har yanzu. Walida ta ci jarrabawar kuwa? In ka shiga Harami ka sa mu a addu'a. Kilishin zan ba Alhaji ya taho maka da shi in tafiyarsa ta tabbata.

Naka,
Sani