Buroshi mai hura iska mai zafi: a san shi kafin a ɗora shi a ka

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Ina roƙon fili a jaridarku domin in ja hankalin 'yan uwana mata kan wata na'ura da ta shigo ɗakunanmu da ƙarfinta, wato buroshin nan mai hura iska mai zafi, wanda ya haɗa aikin handiraya da na buroshi wuri guda. Abu ne mai amfani, kuma ina goyon bayan mace ta iya gyara kanta a gida ba sai ta je shago kowane mako ba. Damuwata ita ce ana sayar da shi babu bayani, hotunan jikin kwalinsa kuma na masu gashi mai santsi ne, ba irin namu mai cika da murɗewa ba. Abin da ke biyo baya shi ne karyewar gashi, ƙonewar fatar kai, da buroshin da ke mutuwa tun ranar farko.

Bari in fara da wuta, domin nan ake asarar kuɗi. Wutar gida a Najeriya bolt 230 ce, ta Amurka kuwa 120. Da yawa daga cikin waɗannan buroshi, ciki har da samfurin Revlon One-Step da ake yi domin kasuwar Amurka, na wutar 120 ne kaɗai. Idan aka jona irinsa a soket ɗinmu, wayar da ke kawo zafi a cikinsa za ta ja kusan ninki huɗu na ƙarfin da aka yi ta dominsa. Sai a ji ƙara ta canza, a ji ƙauri, shi ke nan. Ƙaramar adaftar da ake sa wa filogi mai faffaɗan haƙora biyu ba ta rage wuta, siffar baki kawai take canzawa. Don haka kafin ki biya, juya hannun buroshin ki karanta rubutun da ke jikinsa. In kin ga 220 zuwa 240, namu ne. In kin ga 120 kaɗai, sai da taransifoma mai rage wuta wadda ƙarfinta ya kai wat 1500 ko fiye, kuma kuɗinta kan iya zarce na buroshin. Wanda babu rubutun komai a jikinsa, a bar wa mai shago kayansa. Araha ba ta ado.

Yawancinsu suna jan wat 1000 zuwa 1200. Ƙaramin janaretan nan na fitila da fanka ba ya ɗaukar wannan nauyi, kuma a kan batirin sola abu ne mai cinye caji. Kada a haɗa shi a sandar soket ɗaya da dutsen guga ko hita.

Yadda yake aiki ba wuya. A gindin hannunsa akwai raga, ta nan fanka ke zuƙo iska. Iskar ta bi ta kan waya mai zafi, ta fito ta ƙananan ramukan da ke jikin gangar, wato sashen da ke ɗauke da haƙora, ta tsakanin haƙoran. Haƙoran iri biyu ne: dogaye na roba masu ɗan ƙwallo a kai, su ke ratsa gashi, da gajeru masu laushi, su ke kama shi su kwantar. Can ƙarshen gangar akwai kan da ba ya zafi, an yi shi ne domin ki riƙe da ɗaya hannun. Ga gashinmu wanda ba a sa wa rilaksa ba, mai faffaɗar fuska ko mai bakin mataji ya fi mai zagayayyar ganga, domin zagayayye nannaɗe gashi yake yi, gashi mai murɗewa kuwa in ya nannaɗu a cikin haƙora sai da haƙuri yake fita.

Babbar maganata ita ce wannan: buroshin nan ba matsefi ba ne, kuma ba a ɗora shi a kan gashin da ke ɗigar ruwa. Gashi jiƙaƙƙe ya fi rauni, yana talewa ya tsinke da ɗan ja. Sannan idan zafi mai yawa ya sami silin da ke cike da ruwa, ruwan yana tafasa a ciki, tururin ya huda ƙananan kumfa a jikin silin, wurin ya zama fanko. Daga baya nan ne yake karyewa, ki ga gutsattsarin gashi a kan kafaɗa da matashin kai. Wadda ta fito daga wanka tana sauri ta kunna shi a kan mafi zafi, ita ce ta fi shiga wannan matsala.

Ga yadda ya kamata a bi. Bayan tsifa, a wanke kai da shamfu sosai, har sai tsohon man kitso ya fita. Wadda ke shafa haɗin chebe, garin nan da ake kwaɓawa da mai a shafa wa gashi, ko man kaɗanya mai yawa, ta wanke sau biyu. Mai da zafi in sun haɗu suya ce, kuma wannan hayaƙi da ƙaurin da wasu ke ɗauka alamar aiki na kyau, gashin ne ke soyuwa. A sa kwandishana ko ruwan karkashi, a taje tun yana da santsi da mataji mai manyan haƙora, daga bakin gashi a hau zuwa tushe. A ɗauraye, a matse ruwan da tsohuwar riga ta auduga, ban da gurzawa da tawul.

Sai a tsaga kai gida 6, ko 8 in gashin mai cika ne. Kowane gida a shafa masa ɗan man kariya daga zafi, kamar girman ƙwayar wake in mai kauri ne, ko fesawa biyu zuwa uku in na ruwa ne. Galibin waɗannan mayuka suna ɗauke da silikon, wanda ke yi wa sili siririyar riga ya rage saurin shigar zafi. Ragewa yake yi, ba ya hanawa gaba ɗaya. A murɗe kowane gida sako-sako a bar iska ta sha shi, har ya zama in kin taɓa kin ji sanyi amma ruwa bai kama yatsa ba, kamar kashi 70 zuwa 80 cikin ɗari na bushewa. Lokacin hunturu minti 20 zuwa 30 kan isa, da damina ya fi haka.

Yanzu ne ake kunnawa, kuma a kan matsakaici ko ƙaramin zafi. Warware gida ɗaya, ki ɗebi gashin da kaurinsa bai wuce yatsu biyu ba, faɗinsa bai wuce na buroshin ba. Riƙe bakinsa da hannu ɗaya ki ja shi ya miƙe. Fara da bakin gashin, sannan tsakiya, sannan tushe, daga nan ki ja tun daga tushe har ƙarshe a hankali, cikin daƙiƙa 5 zuwa 8. Miƙewar daga jan take zuwa, zafin taimako ne kawai, shi ya sa ƙara zafi ba ya gyara aikin wadda ta ɗebi gashi da yawa. Bi biyu ko uku sun isa. Kada buroshin ya tsaya wuri ɗaya, kada gangar ta zauna a kan fatar kai ko kunne. In kin gama gida, mayar da makunnin kan iska mai sanyi na daƙiƙa 10, domin gashi yana riƙe siffar da ya huce a cikinta. Gashin goshi da na gefen kunne, wanda kitso mai tsauri ya riga ya wahalar, a bi shi sau ɗaya da ƙaramin zafi. Sai an gama duka sannan a murza ɗigo uku ko huɗu na man zaitun a tafin hannu a shafe bakin gashin.

In gashi ya sarƙe a ganga, kashe, zare filogi, ki warware da jelar mataji kaɗan-kaɗan. Fizga ita ce ke tuge shi daga tushe.

A kuma rage buri. Wannan buroshi zai miƙar da gashi ya yi laushi, ya yi daɗin kitso ko ɗaurewa, amma ba zai mayar da shi kamar na cikin hoton kwali ba. Da ya ji danshi zai fara komawa, ko da gumin cikin hijabi ne ko shafar kai wajen alwala, kuma hakan alamar lafiyarsa ce. Wanda ya kamata ya tayar da hankali shi ne silin da aka wanke ya ƙi murɗewa, ya tsaya a miƙe babu rai. Wannan ya ƙone, babu man da ke dawo da shi, sai almakashi. Shi ya sa nake ganin sau ɗaya a mako biyu ya wadatar. Wadda ta yi rilaksa ta jira aƙalla mako biyu, kuma ta kula da mahaɗar sabon tsiro da tsohon gashi, nan ne wuri mafi rauni. Gashin roba narkewa yake yi. Ƙananan yara kuma fatar kansu ba ta jure abin da ta babba ke jurewa, a tsaya a kan iska mai sanyi.

Tsaftarsa ma ana mantawa. Bayan kowane amfani, a bari ya huce, a cire gashin da ya maƙale a haƙora. Ragar gindin a goge ta da busasshen tsohon buroshin haƙori, musamman lokacin ƙura, domin in ta toshe iska na raguwa, zafi ya taru a ciki, sai ki ga yana kashe kansa ko yana warin roba. Ba a tsoma shi a ruwa, ba a amfani da shi a banɗaki kusa da bokiti, ba a naɗe wayarsa a jikinsa, domin daga gindi take fara tsagewa.

Roƙona ga masu shigo da shi da masu sayarwa shi ne su riƙa faɗa wa mai saye ƙarfin wutar da yake ɗauka tun kafin a karɓi kuɗi, su kuma sa 'yar takardar bayani da Hausa a cikin kwalin.

Wassalam.

Daga wata mai sana'ar gyaran gashi, Kano.