Gaisuwar Sallah daga bakin kogin Tyne

Assalamu alaikum Baba,

Barka da Sallah, Allah ya karɓi ibadarmu, ya maimaita mana. A gaida Inna da Kawu da Yaya da duk yaran gida. Ina fata kuɗin ɗinkin da na aiko sun iso kafin tela ya daina karɓar aiki.

Mu nan Newcastle a cikin zaure muka yi idi saboda yayyafi. Ba hawa, ba kalangu, ana sallamewa rabin jama'a suka wuce wurin aiki. Ni dai na samu hutu, na bi bakin kogi ina kallon samari suna tuƙa wasu jirage sirara masu tsawo. Baba, da kun gani da kun yi dariya: baya suke ba wa inda za su, suna fuskantar inda suka fito. A Yawuri wa zai yarda ya shiga jirgin mai irin wannan tuƙi?

Wani dattijo maƙwabcina ya ba ni labarin wanda ya ɗaga sunan garin nan a tseren jirgi, na ce lallai Kawu ya ji shi, tunda sassaƙar jirgi ce sana'arsa. Sunansa Harry Clasper, an haife shi a 1812 a Dunston, tsallaken kogi. Ɗan talakawa ne. Ya yi aikin haƙar kwal a Jarrow yana yaro, ya koyi kafinta a wurin masu haɗa jirage, daga baya ya koma dakon kaya a kan ruwa. A zamanin tseren jirgi ne abin kallon talaka, da caca mai yawa a kai, Allah ya kiyaye.

A 1842 matuƙan Landan suka zo har gida suka kayar da shi da mutanensa. Maimakon ya ce ƙarfi aka fi su, sai ya tsaya ya duba jirgin, ya ga nasu ya fi na baƙin nauyi nesa ba kusa ba. Matsalar kuwa ita ce, siririn jirgi ya fi gudu, amma dogon filafili yana buƙatar faɗi kafin ya samu madogara. Sai ya maƙala ƙarafa a gefen jirgin, suka miƙe waje bisa ruwa, filafilin ya zauna a bakinsu. Jirgi ya tsuke, ƙarfin ja bai ragu ba. Wasu sun gwada dabarar kafin shi, amma a hannunsa ta nuna, kuma jiragen da na gani yau duk da ƙarafan nan suke.

A 1845 ya tafi Landan da sabon jirgi mai suna Lord Ravensworth. 'Yan gida ɗaya ne a ciki, shi da 'yan'uwansa da wani kawunsu, suka cinye gasar kogin Thames a gaban masu gari. Da suka dawo, gari ya fito tarbarsu.

Abin da ya fi kama ni shi ne koyarwarsa. Ya ga wani matashi, Robert Chambers, mai aikin narka ƙarfe, ya ja shi a jiki ya hore shi. A 1859 Chambers ya doke Harry Kelley na Landan ya zama zakaran Ingila a tseren mutum ɗaya, matsayin da Clasper kansa bai taɓa riƙewa ba. Na san masu sana'a da yawa da gara su shiga kabari da sirrinsu da su ga yaron shagonsu ya wuce su. Chambers ya riga malaminsa rasuwa, tarin fuka ya ɗauke shi a 1868.

Clasper ya bi shi a watan Yulin 1870. A jirgi aka ɗora akwatin gawarsa, aka haura da shi kogin da ya yi tsere a kai, mutane sama da dubu ɗari suka cika gaɓa da gadoji. An binne shi a Whickham.

Kawu, in Allah ya kawo ni gida zan zana maku yadda ƙarafan suke, ko da yake na san za ku ce jirgin da ba ya ɗaukar buhun shinkafa ba jirgi ba ne. Yaya, a turo mini hotunan yara da kayan Sallarsu, kuma a faɗa mini ko an samu maganin ƙafar Inna, in ba a samu ba in nemo a nan.

Naku,
ɗanku na Ingila