Ba Duk Musulmin Gabashin Punjab Ne Suka Ƙaura Ba

Malam Edita,

Assalamu alaikum. Na karanta sharhin da kuka buga kan rabuwar Indiya da Pakistan a 1947, kuma marubucin ya yi ƙoƙari, Allah ya saka masa. Sai dai wata magana ta tsaya mini a rai, inda ya ce Musulmin gabashin Punjab kaf suka tattara nasu ya nasu suka tsallaka Pakistan. Galibinsu kam sun tafi. Amma akwai wani ƙaramin gari, Malerkotla, kimanin kilomita 45 kudu da Ludhiana, wanda mutanensa suka zauna daram, kuma jikokinsu na nan har gobe.

A ƙidayar 2011 mutanen garin sun kai kusan 135,000, wajen kashi biyu cikin uku kuma Musulmi ne. Wannan adadi ba zai ba mutum mamaki ba sai ya ji cewa a duk faɗin jihar Punjab ta Indiya Musulmi ba su cika kashi biyu cikin ɗari ba. Punjabi suke yi a gida da kasuwa kamar maƙwabtansu mabiya addinan Sikh da Hindu, ko da yake Urdu ma tana da gindin zama, don a nan cibiyar raya Urdu ta jihar take. Manoman lambu ne na gaske, kayan miyarsu na cika kasuwannin yankin, sannan an san su da surfanin bajo na kakin soja da 'yan sanda.

Asalin garin wani shehi ne ɗan Afganistan, Sadruddin, wanda aka fi sani da Haidar Shaikh. Sarkin Delhi Bahlol Lodi ya aurar masa da 'yarsa ya kuma ba shi ƙasa a 1454, nan aka kafa Maler. A 1657 wani daga zuriyarsa, Bayazid Khan, ya gina Kotla, sunayen biyu suka haɗe. Kushewar shehin na nan, ranar Alhamis Hindu da Sikh kan cika wurin maƙil da ziyara. Na san malamanmu da dama ba za su yi na'am da wannan ba. Abin da ke akwai kawai nake faɗa.

To me ya kare su a 1947, alhali ƙauyukan da ke kewaye suna ci da wuta? Kowane ɗan garin labari ɗaya zai ba ka. A zamanin Aurangzeb, sarkin daular Mughal, gwamnan Sirhind, Wazir Khan, ya kama ƙananan 'ya'ya biyu na Guru Gobind Singh, jagoran addinin Sikh, wato Zorawar Singh da Fateh Singh, babban bai wuce shekara tara ba. Aka yanke hukuncin a gine su da ransu cikin bango. Sarkin Malerkotla na lokacin, Sher Muhammad Khan, yana fadar. Ba masoyin Guru ba ne, a ɓangaren Mughal yake yaƙi, har ya rasa 'yan uwansa a faɗa da Sikh. Duk da haka ya miƙe ya ce rigimarsa da uban ce, Musulunci bai yarda a kashe yara ba. Ba a saurare shi ba, aka kashe yaran. Amma maganar ta kai kunnen Guru, ya sa wa sarkin da garinsa albarka, Sikh kuma ba su manta ba. Akwai ma wurin ibadarsu a garin da aka gina don tunawa da wannan tsayuwa.

Ni dai ba zan ce albarkar ce kaɗai ba, don tarihin bai tafi sumul haka ba. A 1762, a Kup, dab da garin, rundunar sarkin Afganistan Ahmad Shah Abdali ta karkashe Sikh dubbai, sarautar Malerkotla kuma na ɓangarensa. A 1872 wani jami'in Turawan Ingila, Cowan, ya sa aka ɗaure 'yan ɗariƙar Namdhari ta Sikh a bakin igwa aka harba su a garin, bayan sun kai wa garin hari. Mutum 66 aka kashe. Sannan a 1947 Malerkotla masarauta ce mai cin gashin kanta, da sarkinta Ahmad Ali Khan, da sojojinta da 'yan sandanta, kuma sun tsare iyaka. Masu gudun hijira daga ƙauyuka suka yi ta kwarara ciki neman mafaka. A ganina tsaron ya yi aiki ne domin waɗanda za su kawo harin da ma suna jin nauyin taka ƙasar.

A 2021, ranar ƙaramar Sallah, babban ministan Punjab na lokacin Amarinder Singh, wanda shi kansa Sikh ne, ya sanar da cire Malerkotla daga gundumar Sangrur ta zama gunduma ta 23 a jihar. Babban ministan jihar Uttar Pradesh Yogi Adityanath ya soki matakin, ya ce raba kan jama'a ne ta fuskar addini, gundumar dai ta tabbata.

Ina roƙon ku gyara waccan magana a fitowa ta gaba, in da hali kuma ku ba garin shafi nasa.

Naku,
Mai karatu daga Zariya